Gambo: Sunan da Kan Riga Jariri Zuwa Duniya

A unguwarmu, a wani ƙauye da ke ƙasar Ringim, Gambo uku na tashi na tarar. Akwai mai gyaran keke a bakin kasuwa, akwai wani dattijo da ke ladanci a masallacin unguwa, sai gwaggona, ƙanwar mahaifina, wadda ke sana'ar ƙuli-ƙuli da man gyaɗa a cikin gida. In aka aiki yaro wajen Gambo, yakan tsaya ya tambaya, "Na bakin kasuwa ko ta gidan su Baba?" Da wannan "na" da "ta" ɗin zance ya ƙare. Ban taɓa jin wanda ya ce sunan bai dace da Gwaggo ba don maza na amsa shi, ban kuma taɓa jin an tsokani mai gyaran keke cewa sunan mata gare shi ba.

Abin da ya tuno mini da su shi ne sunan da aka yi a gidanmu bayan babbar salla. Ƙanena ya so a riƙa kiran 'yarsa Rayyan, sai wani abokinsa ya taka masa birki, wai sunan maza ne, kuma wai wannan ɗabi'a ta sa wa yaro sunan da ba a gane na namiji ne ko na mace ba daga Turai aka kwaso ta. Gardama ta yi zafi a zaure har rabon goro ya tsaya. Ban ga laifin mutumin da ke gudun kwaikwayon abin da bai san tushensa ba, wannan taka-tsantsan ne mai kyau. Inda na rabu da shi shi ne cewar da ya yi Bahaushe bai san irin wannan suna ba. Ya san shi tun kaka da kakanni. Sai dai dalilin da ya haifar da namu daban yake da na can, kuma dalilin nan ne ya kamata a tsaya a duba.

Hausa harshe ne da ba ya barin komai babu jinsi. Rana mace ce, wata namiji. Gero namiji, dawa mace. Tukunya mace, murhun da ta hau namiji. Ba ka iya ba da labarin isowar mutum sai ka zaɓi "ya zo" ko "ta zo", kuma ko ido da ido kuke sai ka bambanta "kai" da "ke", abin da Bature ke haɗawa a kalma ɗaya. Harshen da ke da wannan tsanani ba abin mamaki ba ne sunayensa su riƙa zuwa bibbiyu, kamar takalmi. Wanda aka haifa ran Lahadi Ɗanladi, wadda aka haifa ranar Ladi ko Ladidi. Talata ta ba mu Ɗantala da Talatu, Laraba ta ba mu Bala ko Balarabe da Balaraba, Alhamis Ɗanlami da Lami, Juma'a Ɗanjuma da Jummai, Asabar Ɗan'asabe da Asabe. Haihuwar salla Sallau da Tasalla, ta watan azumi Ɗan'azumi da Azumi. Hatta sunayen wabi, waɗanda uwar da 'ya'yanta ke mutuwa kan sa cikin ƙunci da roƙon Allah, ba su manta da jinsi ba: namiji Abarshi, mace Abarta, namiji Bawa, mace Baiwa. Dubi Abarshi da Abarta da kyau, jimla ce sukutum aka mayar suna, da wakilin sunan namiji ko na mace a cikinta.

To a tsakiyar wannan tsari sai ga wasu 'yan sunaye da suka ƙi rabuwa biyu. Gambo, wanda ko wadda aka haifa bayan tagwaye. Auta, na ƙarshe ko ta ƙarshe a ɗaki. Cindo, mai yatsa shida. Kyauta, wanda ya zo bayan an daɗe ana nema. Ajuji, ɗan wabi da aka yi kamar an yar a juji don mutuwa ta ɗauke kai. A ƙasar Sakkwato da wajen Fulani za ka ji namiji na amsa Altine, alhali a nan Kano da Jigawa in ka ji Altine ko Tine mace za ka zata, namijin kuwa Tanimu ko Ɗanliti. Duk cikinsu Gambo ya fi tsayawa daram a tsakiya, bai karkata ko'ina ba.

Ga yadda nake ganin dalilin. Kowane laƙabi yana da lokacin da ake sanin ya tabbata a kan yaro. Sunan rana sai an haihu ake saninsa, a lokacin kuwa ungozoma ta riga ta duba ta faɗi abin da aka samu, don haka ranar da jinsin tare suke isowa, sai sunan ya ɗauki duka biyun. Tanko da Kande ma gaba ɗaya a kan jinsi aka gina su: Tanko namiji ne da ya biyo bayan mata, Kande ko Delu mace ce da ta biyo bayan maza. In ba a san abin da aka haifa ba, babu Tanko babu Kande. Gambo kuwa ba ya jiran kowa. Ranar da uwar tagwaye ta yaye su, wata ya wuce, wani ya sake wucewa, ta fara ƙin warin miya, tsofaffin gida sun riga sun san sunan abin da ke cikin. A garinmu kai tsaye ake cewa, "Ai cikin Gambo gare ta." Watanni bakwai ko takwas ana kiran mutum da suna ba a ga fuskarsa ba, ba a san ko rago za a ce an yanka wa ango ko amarya ba. Sunan da aka raɗa a cikin duhun ciki ba shi da hanyar ɗaukar jinsi, domin a lokacin Allah kaɗai ya san shi. Da yaron ya faɗo, sunan ya riga ya zauna a bakin mutane, ba mai sake masa gini.

Auta kishiyar wannan ce. Gambo ana saninsa tun kafin ya zo, auta kuwa sai bayan shekaru, sai uwa ta ga haihuwa ta tsaya, sannan a waiwayo a ce ashe wane ne auta. Shi ya sa akan yi yaron da aka fara kira Auta sannan a yi masa ƙane. Kuma ko a nahawu sun bambanta. Auta ya ƙare da wasalin "a", don haka harshe yakan samu inda zai rataya jinsi: autan Malam, autar Malam, ɗan auta, 'yar auta. Gambo ya ƙare da "o", kuma ƙa'idar Hausa ita ce sunan mace in bai ƙare da "a" ba, "n" yake ɗauka wajen mallaka, kamar yadda muke cewa Kanden Malam ko macen kirki. Saboda haka "Gambon gidan liman" na iya zama namiji, na iya zama mace. Sai an kai ga aiki, an ce ya tafi ko ta tafi, sannan asiri ya bayyana. Kuma a Hausa ba a yin nisa ba a kai ga aikin ba.

Wannan shi ne bambancin da abokin ƙanena bai lura da shi ba. A Amurka da wasu ƙasashen Turai akwai iyayen da ke zaɓar irin wannan suna da gangan don kada a gane jinsin yaro daga sunansa, har abin ya kai gaban shari'a a wasu wurare: a Jamus sai a 2008 kotun tsarin mulki ta yanke cewa iyaye na iya sa wa 'yarsu Kiran, sunan Indiya da maza da mata ke amsawa, ba tare da an tilasta musu ƙara wani sunan mata ba. Wannan muhawararsu ce, da tarihinta da dalilanta. Kakata da ta kira 'yarta Gambo ba ɓoye komai take yi ba. An huda wa yarinya kunne, an ɗaura mata zane, an yi mata kitso, kowa na ce mata "ke". Sunan ba ya magana a kan ko ita mace ce, yana magana ne a kan su wa ta biyo.

Su wa ta biyo ɗin kuwa ba ƙananan baƙi ba ne a gidan Bahaushe. Tagwaye su ma da sunansu suke zuwa: Hassan da Husaini, Hassana da Usaina, ko a gauraya in mace da namiji ne. An aro sunayen daga jikokin Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, 'ya'yan Nana Faɗima da Sayyadina Ali, ko da yake su ba tagwaye ba ne. An haifi Hassan a shekara ta 3 bayan hijira, Husaini a shekara ta 4. Kusancin haihuwarsu da yadda ba a ambaton ɗaya a bar ɗaya ne ya sa sunayen suka dace da 'yan biyu. A nan za ka ga yadda abu biyu suka haɗu a ɗaki ɗaya: sunan tagwaye Musulunci ya kawo shi, ya kuma rabu gida biyu na maza da mata kamar sauran sunayen yanka, sunan mai bi musu kuwa ba Larabci ba ne, na gargajiya ne, ya tsaya yadda yake. A wasu gidajen in an haifi 'yan uku, na ukun shi ake kira Gambo, wasu kuma yanzu sukan ce Muhsin.

Na tashi cikin camfe-camfen tagwaye, kuma duk wanda ya tashi a ƙauye ya san su. Ana cewa kunama ba ta harbinsu, har suna iya tura ta ga wanda ya ɓata musu rai. Ana cewa in suka yi fushi tukunya sai ta ƙi tafasa, ko kuɗi su ɓace a ƙarƙashin matashi. Ba a yi wa ɗaya riga a bar ɗaya, ba a ba ɗaya tsire a hana ɗaya. Akwai ma masu cewa dole uwarsu ta fita bara da su, al'adar da har yau ake ganin ragowarta a bakin kasuwanni da tashoshin mota, kuma ba ta da madogara a addini ko kaɗan. Game da Gambo, tsofaffin garinmu kan ce ya fi tagwayen ƙwari, duk abin da suke iyawa ya iya har da ƙari, shi ne ma mai iya karya abin da suka ƙulla. In yaro Gambo ya cika rigima sai a ce, "Ƙyale shi, halinsu ne."

Ban yarda kunama na tantance wanda za ta harba ba, kuma malamai sun yi gaskiya da suke yaƙar jingina wa yaro ikon da Allah bai ba shi ba. Amma ina ganin akwai abin da tsofaffin nan suka hango suka rasa yadda za su faɗe shi sai ta hanyar tsoratarwa. Tagwaye sau da yawa ba sa cika watanninsu, sukan zo ƙanana, nono ɗaya ake raba wa baki biyu, kuma sun fi ɗan tilo fuskantar haɗarin mutuwa a shekarun farko. A gidan da abinci ke ƙaranci kafin kaka, abu ne mai sauƙi a fifita mai ƙarfin a bar raunannen. Camfin da ya ce in ka bambanta su za ka gamu da kunama ya tilasta adalci a inda talauci ke iya kawo son kai. Shi kuma wanda ya biyo bayansu fa? Ya tarar an gama shagali. Tagwaye sun kwashe kallo, sun kwashe kyautar 'yan barka, duk baƙon da ya shigo su yake tambaya. Uwa ta gaji, wataƙila ma kwanika ta yi, ga biyu na tatata ga jariri a baya. Yaron da ya fi kowa haɗarin a manta da shi a gidan shi ne wannan. Sai al'ada ta ba shi suna nasa na kansa, ta kuma ce ya fi waɗanda suka riga shi. Ba a yi wannan tanadi don namiji kaɗai ba, domin haɗarin bai san namiji ko mace ba.

Ba mu kaɗai muka yi wannan tunani ba. Barebari, maƙwabtanmu ta gabas, su ma Gambo suke cewa. Yarbawa, waɗanda suka yi suna a duniya wajen yawan haihuwar tagwaye, suna kiran 'yan biyu Taiwo da Kehinde, mai bi musu Idowu, mai bin Idowu kuma Alaba, kuma duk huɗun maza da mata na amsawa. A Ghana ana ce wa mai bin tagwaye Tawia, a ƙasar Buganda ta Yuganda kuma Kizza, su ma ba su ware jinsi ba. Al'ummu masu nisa da juna, harsuna daban-daban, amma a duk waɗannan wurare sai ka tarar sunan mai bin tagwaye ɗaya ne ga kowa. Wannan ya ƙara mini ƙarfin gwiwa cewa matsayin ake sa wa suna, ba mutumin ba, kuma matsayin yana nan a buɗe tun kafin mai shi ya iso.

Sai da na girma na san nauyin da sunan Gwaggo ke ɗauke da shi. Wata rana ina zaune kusa da ita tana matsar tunkuza, hannunta duk mai, ƙamshin gyaɗa ya cika tsakar gida, na tambaye ta, "Gwaggo, to ina tagwayen da kika biyo?" Domin a iya sanina mahaifina ba shi da ƙanne tagwaye. Ba ta ɗago ba. Ta ce, "Suna inda za mu je." Daga baya Baba ya ba ni labarin. Maza ne su biyu, baƙon dauro ya shigo gari wata bazara ya ɗauke su a mako guda, lokacin Gwaggo na goye. Babu hotonsu, babu takardar haihuwa, kabarinsu ma ya daɗe da shafewa. Kakata har ta koma ga Allah ba ta ƙara ambaton sunansu ba, irin kawaicin matan da. Amma kullum sai ta kira 'yarta sau goma, sau ashirin: Gambo kawo ruwa, Gambo duba tukunya. Duk kira ɗaya shaida ce cewa an taɓa yin waɗansu yara biyu a ɗakin nan. Mutanen da ba su da rajista sun mayar da sunayen 'ya'yansu rajista. In ka ji Audi ka san uba ya rasu ba a haife shi ba, in ka ji Talle ka san maraici, in ka ji Ajuji ka san an binne wasu kafin shi, in ka ji Gambo ka san an yi tagwaye, suna raye ko ba sa raye.

Sunan ya fita daga tsakar gida ya shiga tarihin ƙasa ta ɓangarorin biyu. Hajiya Gambo Sawaba, wadda aka haifa a 1933 ta rasu a 2001, sunanta na yanka Hajaratu, Gambo kuwa don ta biyo tagwaye. Mahaifinta mutumin Ghana ne, mahaifiyarta Banufiya, ta tashi a Zariya, kuma laƙabin Hausawa ne ya bi ta har ya rufe sunan yankan. Tana da ƙuruciya ta shiga NEPU, jam'iyyar da aka kafa a Kano a 1950, ta sha ɗauri da duka a kan neman 'yancin mata da talakawa, a zamanin da matan Arewa ba su da ƙuri'a, abin da bai samu ba sai a 1976. A cikin jam'iyyar nan tata akwai Gambo Hawaja, namiji, mawaƙin siyasa. A wani fagen kuma ga Muhammadu Gambo Jimeta, wanda ya zama Sufeto Janar na 'yan sandan Nijeriya a 1986. Babu wanda ya taɓa rikita su, babu wanda sunan ya rage wa mazantaka ko mutuncin 'ya mace.

Saura batun addini, wanda shi ne ainihin damuwar mutanen zauren nan, kuma damuwa ce da ta cancanci amsa. Da farko a tuna Gambo ba sunan yanka ba ne. Ranar bakwai, bayan an idar da sallar asuba, liman ya yi addu'a, an yanka abin yanka, sanƙira ya ɗaga murya ya sanar, abin da za a ji shi ne Muhammadu ko Hajaratu, Ibrahim ko Amina. Laƙabi daga cikin gida yake fitowa, daga bakin kakanni da gwaggwanni, sau da yawa ma saboda alkunya, don uwa ba ta faɗin sunan ɗan fari, suruka ba ta faɗin sunan surukinta da aka mayar wa jariri. Haka muka samu su Abba da Baffa da Ummi da Uwani. Sunan yanka na malamai ne, laƙabi na mata ne, kuma sun daɗe suna zaune lafiya a kan mutum ɗaya.

Sannan abin da aka sani daga sunna shi ne a kyautata suna. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce mafi soyuwar sunaye a wurin Allah su ne Abdullahi da Abdurrahman, ya kuma canza sunaye masu mummunar ma'ana ko yabon kai, kamar yadda ya mayar da Barra ta zama Zainab, wata Barra ɗin kuma Juwairiyya. Hadisin da ya la'anci maza masu kamanta kansu da mata da mata masu kamanta kansu da maza ingantacce ne, kuma a kansa ne malamai ke hana a ɗauki sunan da kowa ya san na mata ne a sa wa namiji. Amma sunan da al'umma ta riga ta san na kowa ne ba kamantawa a cikinsa. Larabawan farko ma suna da irinsa. Hindu sunan Ummu Salama ne, matar Annabi, kuma sunan Hindu ɗan Abu Hala ne, ɗan Nana Khadija da ta haifa kafin aurenta da Annabi. Asma'u sunan 'yar Sayyadina Abubakar ne, akwai kuma sahabi namiji Asma'u ɗan Harisa. Mai karanta Bukhari zai ci karo da wani mai ruwaya, Juwairiyya ɗan Asma'u: shi namiji, ubansa namiji, sunayen biyu kuwa a kunnenmu na mata ne. Hamza da Ɗalha da Usama da Huzaifa duk da harafin da aka saba gani a ƙarshen sunan mata suka ƙare.

Wato abin da ke mayar da suna na maza ko na mata al'adar wuri ce, tana kuma sauyawa daga ƙasa zuwa ƙasa. Mu a nan Nura namiji ne, ba mai tantama. Ka je Saudiyya ka ce sunanka Nura, za a dube ka sau biyu, domin can sunan mata ne, har babbar jami'ar mata da ke Riyad sunan Gimbiya Nura 'yar Abdurrahman take ɗauke da shi. Ihsan a Turkiyya da ƙasashen Larabawa da dama maza ne suka fi amsa shi, a Kano kuwa in ka ji Ihsan yarinya ce. Islam a Masar saurayi ne, a nan sau da yawa 'yar makarantar Islamiyya ce. Rayyan da aka yi gardama a kansa sunan ƙofar Aljanna ce da masu azumi za su shiga, kamar yadda ya zo a Bukhari da Muslim, kuma ana sa wa maza ana sa wa mata. Waɗannan sunaye ne na ma'ana, haske da kyautatawa da imani, ma'anar kuwa ba ta keɓanta da jinsi ɗaya ba.

Duk da haka ba zan ce sababbin nan daidai suke da Gambo ba, kuma a nan ne nake da tawa damuwar. Rayyan da Ihsan zaɓarsu ake yi, galibi daga waya, don daɗinsu a kunne. Suna da ma'ana mai kyau, amma ba su faɗin komai game da yaron da ke ɗauke da su, za a iya sa wa kowa a ko'ina. Gambo ba a zaɓarsa, samunsa ake yi. Ba ka isa ka sa wa ɗanka shi don ya burge ka ba, sai in tagwaye sun riga shi. Ba na hana kowa sabon suna, 'yar ƙanena ma A'ishatu aka yanka mata, Rayyan ake kiranta, kuma sunan ya karɓe ta. Abin da ke damuna shi ne yadda ake kallon na gargajiyan a matsayin sunan ƙauyanci, har yarinya ta shiga makarantar sakandare ta roƙi ƙawayenta kada su kira ta da sunan da kakarta ta ba ta.

Takarda ma ta taimaka wajen korar su. Fom gurbi uku gare shi: sunanka, na tsakiya, na mahaifi, sai akwatin jinsi. Bai san sunan yanka da laƙabi da alkunya ba. Tun da aka shigo da lambar banki ta BVN a 2014, aka kuma wajabta lambar ɗan ƙasa ta NIN ga masu rubuta jarrabawar JAMB daga 2021, saɓanin harafi ɗaya na iya hana yaro jarrabawa ko ya rufe wa tsohuwa asusu. Na ga wannan da idona a kan Gwaggo. Wani ɗanta ya kai bayananta wani ofishi a cike mata, ma'aikacin ya ga Gambo, bai ɗago ya tambaya ba, ya danna namiji. Sai da aka yi zirga-zirga uku zuwa birni, da kuɗin mota da rantsuwar kotu, kafin a gyara. Matar da ta haifi takwas, tana zaune a kan benci da mayafinta, ana neman hujjar cewa ita mace ce. Ta dawo ranar ba ta ce komai ba, sai da dare ta ce wa ɗan nata, "Da ka ba su na yankan." Yaron da ke tsayawa ya tambaya "na bakin kasuwa ko ta gidan su Baba" ya fi wannan ma'aikaci sanin aikinsa. Shawarata ga iyaye ita ce a rubuta sunan yanka a farko, a sa laƙabin a gurbin tsakiya tun daga takardar haihuwa, a kuma tsaya a ga an cike akwatin jinsi daidai kafin a bar wurin. Ta haka sunan bai ɓata ba, yaron kuma bai wahala ba.

Akwai kuma abin da ba ruwan takarda. Irin waɗannan sunaye 'ya'yan babban ɗaki ne. Kafin a samu Tanko sai an jera mata, kafin a samu Kande sai an jera maza, kafin a samu Gambo sai an yi tagwaye an kuma sake haihuwa. A Jigawa, inda binciken lafiya na ƙasa na 2018 ya nuna mace kan haifi wajen bakwai a rayuwarta, har yanzu akwai filin da za su fito. A birni, inda ma'aurata da yawa kan tsaya bayan tagwaye saboda tsadar rayuwa ko don an yi wa uwar aiki, gurbin Gambo yakan zauna ba kowa. Hoton ciki da ake yi a asibiti shi ma ya taɓa tushen abin, domin duhun da sunan ya samo asali a cikinsa ya fara washewa, tun ciki na wata biyar ana iya gaya wa mace abin da take ɗauke da shi.

Matar wani ɗan baffana, mai tagwaye mata 'yan shekara uku, tana da tsohon ciki yanzu. Watan jiya mijin ya ɗauke ta a babur zuwa asibiti aka yi hoton, suka dawo da 'yar takarda mai baƙi-baƙi, aka ce namiji ne. Ya shigo tsakar gida da murnarsa yana nuna wa kowa, yana lissafin sunan da zai yanka, ko na mahaifinsa ko na malaminsa na allo. Gwaggo na zaune a kan tabarma, ƙafafu a miƙe, idonta ya yi rauni yanzu. Aka miƙa mata takardar, ta juya ta sama ta juya ta ƙasa, ta mayar. Ta ce, "Allah ya raba lafiya. Takwara na ne dai." Hassana da Usaina kuwa tun kafin a je asibitin suke zuwa su kifa kunne a cikin uwarsu, su ƙwanƙwasa da yatsa, su ce Gambo ya fito su yi wasa. Wata ranar kuma su ce ta fito.